Hangen Dala Ba Shiga Birni Ba: Sayar Da Gonar Gado Don Sana'ar Wasa

 

A wannan mako mun jingine bayanin da muka faro a kan zakkar dukiyar ciniki, saboda wata takarda da ta iso mana wadda muka ga bai kamata a yi mata jinkiri ba. Mai takardar ma'aikacin gwamnati ne a birnin Kano, amma asalinsa mutumin wani ƙauye ne a ƙasar Minjibir. Ya roƙe mu kada mu ambaci sunansa, mun kuwa karɓa. Ga abin da ya ce a taƙaice:

"Allah Ya gafarta Malam, yayana ya rasu shekara shida da suka wuce. Ya bar mata ɗaya da 'ya'ya biyar, maza uku mata biyu, da gona guda wadda har yanzu ba a raba ba, ya kuma bar mini wasiyyar riƙonsu. Babban ɗansa yanzu shekararsa 19. Allah Ya ba shi ƙira da ƙarfi, tun yana ƙarami ba a ka da shi a dandali. Da na kawo shi birni karatu sai ya faɗa wani wasan Turawa da ake kira zari-ruga. Yanzu wani dillali ya ce masa in ya kawo kuɗi zai fitar da shi ƙasar waje ya zama ɗan wasa mai albashi. Sai ya zo ya durƙusa ya ce, 'Baffa, a fitar mini da rabona a gonar nan in sayar.' Da na ƙi, sai ya nuna mini hotunan waɗansu Musulmi a waya, ya ce ga su nan sun yi arziki da wasan, ba su kuwa bar salla ba. Malam, shin wannan sana'a halal ce? Kuma in na hana shi gonar, na zalunce shi?"

Tambayoyi biyu ke nan, kowacce kuwa da nauyinta, domin ta farko ta shafi abincin da yaro zai sa a bakinsa, ta biyu ta shafi amanar maraya. Malaman Usulu sun karantar da mu cewa ba a yanke wa abu hukunci sai an san shi. Saboda haka kafin mu buɗe littafin fiƙihu, bari mu fara sanin wasan, sa'an nan mu bi sawun irin mutanen da yaron ke nunawa, tun daga farkon al'amarinsu har ƙarshensa.

ASALIN WASAN

Zari-ruga iri biyu ne. Akwai na mutum 15 a kowane ɓangare, akwai kuma na mutum 13, wanda Turawa ke kira Lig, shi ne kuwa abin maganarmu a yau. Ƙwallonsa ya fi kama da ƙwai. Ana ɗaukarsa a hannu a ruga da shi, abokan karawa kuma su tari mutum da ƙirji da kafaɗa su kai shi ƙasa. In aka ka da 'yan ɓangare ɗaya sau shida ba su ci ba, sai ƙwallo ya koma hannun ɗaya ɓangaren. Wanda ya kuɓuce ya dire ƙwallo a bayan layin abokan karawa ya samo wa ƙungiyarsa maki 4, in kuma aka bi bayan haka da bugun ƙafa, ƙwallo ya wuce ta tsakanin turaku biyu, an ƙara maki 2. Minti 80 ake yi, da hutu a tsakiya. Watau dai tsere ne da kokawa aka haɗa wuri guda.

Abin da zai ba masu karatu sha'awa shi ne, maganar lada ce ta haifi wannan wasa. A da can a Ingila masu hannu da shuni ne ke riƙe da zari-ruga, suka kuma kafa doka cewa ba a biyan kowa ko kwabo don ya yi wasa. To, a arewacin ƙasar 'yan wasan leburori ne, masu haƙar kwal da ma'aikatan masaƙu, waɗanda in sun bar aiki ranar Asabar sun tafi fili, an yanke musu kuɗin yinin ke nan. Ƙungiyoyinsu suka nemi a yarda a mayar musu da abin da suka rasa, aka ƙi. Ran 29 ga watan Agusta na shekara ta 1895 wakilansu suka taru a wani masauki a garin Huddersfield suka ɓalle, ƙungiyoyi 22 suka fara tasu gasar, suka yanka wa ɗan wasa abin da bai wuce sule shida ba a yini. Wancan na mutum 15 bai yarda da biyan albashi a fili ba sai a shekara ta 1995, bayan shekara ɗari cif.

A shekara ta 1908 aka fara gasar wasan a Ostireliya, inda ya yi ƙarfi fiye da mahaifarsa. Jinin Nijeriya ma ya taɓa shahara a cikinsa. Martin Offiah, wanda aka haifa a Landan a 1965, iyayensa 'yan Nijeriya ne, ya dire ƙwallo sau fiye da 500, har ƙungiyar Wigan ta saye shi a kan fam 440,000 a shekara ta 1992, kuɗin da ba a taɓa biya a kan ɗan wasan Lig ba kafin nan. A shekara ta 2019 kuma Nijeriya ta ci gasar ƙasashen Afirka da Gabas ta Tsakiya da aka yi a Legas. Saboda haka ba tatsuniya yaron nan yake ji ba. Sana'ar tana nan, ana kuwa samun kuɗi a cikinta.

SHEKARA GOMA SHA HUƊU NA HAZEM EL MASRI

Musulmin da ya fi kowa daɗewa da suna a wannan wasa shi ne Hazem El Masri. Mutumin Labanan ne, watau irin mutanen da mu a Kano muka fi sani da Kwarori. An haife shi a shekara ta 1976 a Tarabulus ta ƙasar Sham, ba ta Libiya wadda fataken Kano suka sani ba. Ya buɗi ido ƙasarsu na cikin yaƙin basasa, wanda aka yi daga 1975 zuwa 1990. A shekara ta 1988 iyayensa suka yi ƙaura da shi zuwa birnin Sidni na Ostireliya. Ƙwallon ƙafa ya fara bugawa, sai a makarantar sakandare ya koma zari-ruga, daga wasan makaranta da na unguwa kuwa ƙungiyar Canterbury Bulldogs ta gan shi ta ɗauke shi.

A lura da wannan da kyau. Yana zaune a gaban iyayensa, yana zuwa makaranta, ƙungiya ta gan shi ta neme shi. Haka sana'ar take a ko'ina: mai neman ma'aikaci shi ke biya.

Ya fara bugawa a babbar gasa a shekara ta 1996. Ba ƙato ba ne in aka gwama shi da ƙattin da ke filin, abin da ya fi gwanancewa a kai shi ne saiti da ƙafa. Amma a lokacin ƙungiyar tana da gwaninta na bugu, mai suna Daryl Halligan, saboda haka sai da Hazem ya yi haƙuri har wancan ya yi murabus a shekara ta 2000 kafin aikin ya dawo hannunsa. A shekarar ce ya buga wa Labanan a gasar duniya. A 2002 ya buga wa Ostireliya wasa ɗaya. A 2004 ƙungiyarsa ta ci kofi bayan ta doke Sydney Roosters da maki 16 da 13, shi kaɗai kuwa ya tara maki 342 a wannan shekara, abin da ba a taɓa yi ba a gasar.

Da ya ajiye wasa a shekara ta 2009 ya buga wasanni 317, duka a ƙungiya ɗaya. 'Yan kasuwa masu son lissafi ga shi: ya dire ƙwallo sau 159, maki 636 ke nan, ya ci da ƙafa sau 891, maki 1,782 ke nan, jimla 2,418. Babu wanda ya kai wannan adadi a tarihin gasar a lokacin, sai bayan shekara goma, a 2019, wani mai suna Cameron Smith ya wuce shi.

Duk wannan ba shi ya sa muka kawo labarinsa a wannan fili ba. Wasan nan a can ya cuɗanya da shan giya, da ita ake murnar nasara, da ita ake juyayin faɗuwa. Hazem ya yi shekara 14 a tsakiyar wannan taro an san shi da cewa ba ya sha, yana salla, yana azumi. A shekarunsa na ƙarshe watan Ramalana ya riƙa faɗowa daidai ƙarshen kakar wasa, lokacin da karawa ta fi zafi, bai kuwa mayar da wasa uzurin ajiye azumi ba. Ya yi haka ne a shekarun da suka biyo bayan 2001, sa'ad da Musulmin ƙasashen Turawa ke shan zargi da harara. Ba mu ce ma'asumi ne ba, ma'asumai Annabawa ne. Abin da muka ce shi ne, ya nuna mutum na iya shiga wannan fili ya fito da addininsa, in ya shiga da shi da ƙarfinsa.

Sai dai ga abin da muke so yaronmu na Minjibir ya tsaya ya duba. Ranar da wannan gwani ya tuɓe rigar wasa shekararsa 33. Ma'aikacin gwamnati a ƙasar nan sai ya yi shekara 35 yana aiki, ko ya cika 60 da haihuwa, kafin ya huta, ya kuma koma cin fansho. Ɗan kasuwa a Dawanau ko Kantin Kwari a shekara 33 yanzu ma yake kafa jari. Amma ɗan wasan da ya fi dubban takwarorinsa sa'a, a wannan shekarun kasuwarsa ta tashi.

ABOKIN WASANSA DA MAGANAR ALKAWARI

A cikin ƙungiyar da ta ci kofin 2004 akwai wani saurayi ɗan shekara 19 mutumin Niyu Zilan, sunansa Sonny Bill Williams. A lokacin ba Musulmi ba ne. A 2007 ya sa hannu a yarjejeniyar shekara biyar da ƙungiyar, amma a watan Yuli na 2008, ana tsakiyar kakar wasa, sai ya hau jirgi ba sallama ya tafi Faransa, ya shiga ƙungiyar Toulon ta masu wasan mutum 15. Aka yi ta ƙara da ce-ce-ku-ce, sai da aka biya tsohuwar ƙungiyarsa diyya mai yawa, bai kuma koma gasar Ostireliya ba sai a 2013. A can Faransa ne Allah Ya shiryar da shi ya musulunta a shekara ta 2009.

Bayan haka ya ci gasar duniya ta mutum 15 sau biyu da ƙasarsa, a 2011 da 2015, ya kuma ci kofin Lig da Sydney Roosters a 2013. A shekara ta 2017 ya fito fili ya liƙe tambarin wani banki da ke wuyan rigarsa, saboda ba ya son tallan riba. Hukumar wasan ta ƙasarsu ta amince masa, domin a cikin takardar yarjejeniyarsa akwai sharaɗin da ya ba shi damar ƙin tallan abin da ya saɓa wa imaninsa. Ya yi murabus daga zari-ruga a 2021.

Darasi biyu ne a nan. Na farko, yarjejeniya abar tsoro ce, Allah Ya buɗe Suratul Ma'ida da umartar muminai su cika ta, kuma wanda ya warware ta, komai gwanintarsa, sai ya biya. Na biyu, abin da ya ceci addinin mutumin nan ranar da aka kawo rigar banki shi ne sharaɗin da aka rubuta tun farko. Ba a fafe gora ranar tafiya. Yaron da dillali ya fitar ta bayan gida, ba takarda ba shaida, da wane baki zai ce ba zai sa rigar kamfanin caca ba?

ABIN DA WAYA BA TA NUNAWA

Waya tana nuna wanda ya ɗaga kofi, ba ta nuna wanda aka ɗauka a makara ko a keken guragu. A watan Maris na 2014 wani ɗan wasan Newcastle mai suna Alex McKinnon, ɗan shekara 22, aka ɗaga shi aka kifa shi da ka a wasansu da Melbourne. Ƙashin wuyansa ya karye, jikinsa ya shanye, sana'arsa ta ƙare a wannan dare. Steve Folkes kuwa, wanda shi ne mai horar da su Hazem sa'ad da suka ci kofi, kuma tsohon ɗan wasa ne, ya rasu a 2018 yana da shekara 59. Da likitoci suka bincika ƙwaƙwalwarsa suka sami alamun ciwon nan da ake dangantawa da yawan buguwar kai. Wannan kuwa a ƙasar da ake da likita a bakin fili da asibiti a kusa.

Sa'an nan a dubi ƙuncin ƙofar. A shekara ta 2023 babbar gasar Ostireliya ƙungiyoyi 17 gare ta, kowacce da manyan 'yan wasa 30, watau gurbi 510. Masu neman waɗannan gurabe kuwa yara ne da suka fara wasan tun suna firamare a Ostireliya da Niyu Zilan da tsibiran da ke kewaye da su. Mutum 510 ba su cika sahun masallacin Juma'a na Minjibir ba. Hangen Dala ba shiga birni ba ne.

HUKUNCIN SANA'AR

Yanzu sai tambaya ta farko. Musulunci bai ƙi ƙarfin jiki ba, bai kuma ƙi wasa ba. Ya zo a cikin Abu Dawuda cewa Manzon Allah, Sallallahu Alaihi Wasallama, ya yi kokawa da Rukana ya ka da shi, ya kuma yi tsere da Uwar Muminai Nana A'isha, Allah Ya yarda da ita. Buhari da Muslimu sun ruwaito cewa Habashawa sun yi wasan masu a masallacinsa yana kallo. Kafin yaƙin Uhudu samari biyu, Samuratu ɗan Jundubu da Rafi'u ɗan Hadiju, kokawa ce ta raba gardamarsu. Saboda haka mai cewa gudu da kokawa haramun ne ya faɗi abin da ba shi da sani a kai.

Inda malamai suka tsaya su ne wurare biyar.

Na farko, kuɗin. A mazhabarmu ta Malikiyya, kamar yadda yake a Risala da Muhtasar, ba a sa kuɗin gasa sai a tseren dawaki da raƙuma da harbin kibiya; sauran wasanni masu amfani kamar gudu da kokawa sun halatta in ba a sa kome ba. Amma albashin da ƙungiya ke biyan ɗan wasa kowane wata, ya ci ko bai ci ba, malamai da yawa na wannan zamani sun sa shi a babin ijara, watau ɗaukar ma'aikaci a kan lada sananne da lokaci sananne, sun halatta shi in aikin kansa bai ƙunshi haram ba. Waɗansu kuwa sun ƙi a mayar da wasa sana'a ɗungurungum. Abin da babu saɓani a kansa shi ne caca: duk inda ɓangarori biyu suka zuba kuɗi mai nasara ya kwashe, ko 'yan kallo suka yi fare, haramun ne.

Na biyu, cutarwa. Shari'a ta hana mutum ya cuci kansa ko waninsa, Manzon Allah kuma ya hana dukan fuska. A kan haka ne majalisar malaman fiƙihu ta Rabiɗa da ke Makka ta haramta damben zamani a zamanta na shekara ta 1408 Hijira, daidai da 1987. Wannan ya shafi dambenmu na gargajiya da ake yi da kaka, balle in an haɗa da layu da guraye da tsafi. Shi ma Sonny Bill ya yi damben zamani don kuɗi, aikinsa kuwa ba hujja ba ne. Zari-ruga dokarsa ta hana naushi da dukan kai, saboda haka ya fi kusa da kokawa, amma haɗarinsa mun riga mun gani. Wanda likita ya ce masa kansa ya bugu ya huta, wajibi ne ya huta, ko da za a yanke masa albashi.

Na uku, al'aura. Ta namiji daga cibiya ce zuwa gwiwa, ko da yake malamanmu sun sa cinya a cikin sassauƙa. Gajeren wandon wasan bai isa ba, sai a sa dogo a ƙarƙashinsa.

Na huɗu, salla da azumi. Wasa ba ya cikin uzuran da ke halatta fitar da salla daga lokacinta. In ɗan wasa matafiyi ne yana da rangwamen matafiyi, ya rama daga baya, amma in yana gida ba a ƙiyasta shi da mai girbin da amfaninsa zai lalace.

Na biyar, abin da ke rubuce a riga. Wanda ya ba da ƙirjinsa haya don tallan giya ko caca ko riba ya taimaka a kan saɓo, Allah kuwa Ya hana taimakekeniya a kan zunubi.

In waɗannan biyar sun kuɓuta, ba mu da ikon haramta abin da Allah bai haramta ba. Amma halal daban, hikima daban. A cikin Suratur Rum Allah Ya siffanta rayuwar ɗan Adam da rauni, sa'an nan ƙarfi, sa'an nan rauni da furfura. Wanda duk jarinsa ke cikin zangon tsakiya, lalle ne ya tanadi abin da zai ci a zango na uku.

MAGANAR GONA

Tambaya ta biyu ita ce ta fi damunmu. Duk wanda ya san ƙasar da ke arewa da birni, daga Ungogo da Minjibir da Gezawa zuwa Dawakin Tofa da Bichi, ya san gona a nan ba kamar ta sauran wurare ba ce. Babu daji, babu saura, iyaka na jikin iyaka. Kowace damina ana noma ta, gero da dawa da wake da gyaɗa a kunya ɗaya. Abin da ya riƙe ta shi ne takin tumaki da awaki da na birni, wanda kakanni suka yi ta jigila a mangala bisa jakuna. Tun shekarun 1960 masana irin su Michael Mortimore na Jami'ar Ahmadu Bello suka yi rubuce-rubuce a kan yadda ƙasa ɗaya ke ciyar da jama'a mai yawa haka ba ta mutu ba. Gonar da aka sayar a irin wannan wuri da wuya ta dawo, domin mutane ƙaruwa suke, ƙasa kuwa ba ta ƙaruwa.

In mamacin bai bar uwa ko uba a raye ba, kuma babu bashi ko wasiyyar dukiya, sai a kasa gonar kashi 64: matar ta ɗauki 8, kowane namiji 14, kowace mace 7. Rabon yaron ke nan, kashi 14, haƙƙinsa ne da Allah Ya yanka masa, babu mai ikon cinye masa. Amma mallaka daban, sakin hannu daban. A farkon Suratun Nisa'i Allah Ya hana a miƙa wa wawaye dukiya, Ya kuma yi umarni a jarraba marayu, in an ga shiriya a tare da su sai a ba su abinsu a gaban shaidu. Shiriyar nan a wurin Malikiyya ita ce iya tattalin dukiya, balaga kaɗai ba ta wadatar. Wanda ke ƙarƙashin wasiyyi kuwa cinikinsa yana rataye da yardar wasiyyin har ya sake shi.

To, mai son ya sayar da tabbataccen abu ya miƙa kuɗin ga mutumin da ba ya iya nuna masa takardar ƙungiya, ko ranar tafiya, ko adadin albashi, ya shiga cinikin garari, watau sayen abin da ba a san samuwarsa ba. Wannan kuwa ba alamar shiriya ba ce. Saboda haka amsarmu ga mai tambaya ita ce: hana shi sayarwa a kan wannan dalili ba zalunci ba ne, riƙon amana ne. Zalunci shi ne ka mayar da wannan hanin ya zama hanyar cin amfanin gonar kai kaɗai, ko ka ci gaba da riƙewa bayan hankalinsa ya bayyana. Ka sani kuma ko da ya kai matsayin sayarwa, muddin gonar ba a raba ba, 'yan'uwansa suna da haƙƙin shuf'a, watau su suka fi cancanta su saya a kan farashin da baƙo ya taya.

Shawararmu ita ce kada ka tsaya a kan "a'a" kawai. Ka kira shi a gaban mahaifiyarsa da wani dattijo, ka buɗe masa lissafin gonar na shekara shidan nan, buhu nawa aka samu, ina aka kai su. Sa'an nan ka jarraba shi kamar yadda Alƙur'ani ya ce: ka damƙa masa amfanin rabonsa na bana, ka ga yadda zai juya shi. In kuɗi ake bukata don takalmi ko kuɗin mota, ana iya ba da rabonsa haya ta damina ɗaya da tsabar kuɗi. A kiyaye dai, mazhabarmu ta hana hayar ƙasa da abinci, jinginar da mai ba da bashi ke cin amfanin gona kuwa riba ce. Kada ka hana shi wasan, ya buga a nan gida yana karatunsa. Dillalin kuma a ce ya kawo takardar gayyata daga ƙungiyar da yake faɗa, a kai wa hukumar wasanni ta bincika. In gaskiya ce, su za su aiko da kuɗin jirgi. In ya ɓace daga jin haka, Allah Ya tsare ku ke nan.

Kai kuma ɗanmu, in an karanta maka wannan, ka ji. Baffanka ba maƙiyinka ba ne. 'Yar dattijon Madyana da ta ba mahaifinta shawarar ya ɗauki Annabi Musa aiki, siffa biyu ta ambata, ƙarfi da amana. Ta farko Allah Ya ba ka kyauta, ta biyu kai za ka nema, farkonta kuwa shi ne ƙannenka huɗu da ke cin tuwo daga gonar nan. Sahabbai sun taɓa yin dariya don sirantakar ƙwaurin Abdullahi ɗan Mas'udu, sai Manzon Allah ya sanar da su cewa a ma'aunin Lahira ƙafafun nan sun fi dutsen Uhudu nauyi.

Mu kuma da muke zaune a ofis da kasuwa, kada mu karanta wannan muna yi wa yaro dariya. Nawa ne a cikinmu suka sayar da gonar ƙauye suka sayi mota, yau babu motar babu gonar? Nawa ne suka sa hannu a kwangila suka gudu ba sallama? Kujerar ofis ma tana da ranar da za a busa mata usur.

Allah Ya shiryi zuriyarmu, Ya ba mu ikon riƙon amanar marayu, Ya sa ƙarfinmu ya ƙare a cikin biyayyarSa. A mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu, za mu koma kan zakkar dukiyar ciniki daga inda muka tsaya. Allah Shi ne Mafi sani. Wassalamu alaikum.